Ruwan Ojota

Ranar da aka kori ƙarar Iya Remilekun
ruwa ya cinye titin Ikorodu tun asuba.
Lauyanta na cikin danfo a Ojota,
takalmi a hannu, fayil a hammata.
Magatakarda ya kira sunanta sau uku,
ba mai amsawa sai fankar da ke kuka a sama.
Alƙali ya ja biro ya ce an share.
Na ji an sauke min buhun albasa daga ka.

Na sayi rago a Agege da yamma,
har 'yan dako sun ci, sun yi min addu'a.
Rumfa ta sha bakwai a kasuwar Mil Sha Biyu
ta zama tawa, in ji zuciyata,
ba tare da an tambaye ni ko kalma ɗaya ba.

Kwana ashirin da uku.
Ƙashin ragon bai gama bushewa a bola ba
sai ga ta da takardar rantsuwa,
da hoton ruwa har gwiwa a cikin waya.
Alƙali ya duba, ya dube ta, ya duba,
ya ce a mai da ƙara mazauninta,
ta biya ni kuɗin wahalar zuwa.
Kuɗin bai kai rabin rago ba.

Barista Ezenwa ya ce, Sallau, mu hau sama,
akwai waɗanda suka fi shi tsawon kujera.
Na sayar da lodin tumatir biyu na ba shi.
Damina ta wuce, ta dawo, ta sake wucewa,
sannan muka tsaya gaban mutum uku a Igbosere.

Ta tsakiya, tabarau a kan karan hanci,
ta ce: Ba mu zauna nan don auna ruwan Ojota ba.
Wanda ya ga fuskar mai uzuri
shi ya san nauyin uzurinta.
Nuna mana inda ya taka doka,
ko inda ya kau da kai daga abin da ke gabansa,
ko ranar da ya hana ka buɗe baki.
In babu, ko da mu a kujerarsa
wata hanya za mu bi, wannan bai isa ba.

Na dama ya ce: Kun ma nemi izinin hawowa?
Ezenwa ya shiga juya takardu
kamar mai neman allura a buhun gero.

Na hagu bai ɗaga kai ba, ya ce:
Bai ba ta rumfa ba, bai ƙwace maka ba.
Ƙofa ya buɗe. Me ka rasa,
ban da damar a ƙi jin ta?

Minti goma sha biyu, na duba agogo.
Shekara biyu da lodin tumatir biyu.
Komai nisan jifa, ƙasa zai faɗo.

A kan doguwar gada, cikin gosulo,
na leƙa masunta suna jan koma a ƙasa,
na tuna Baba Remi, Allah ya ji ƙansa,
da ranar da na sauka Legas da jaka ɗaya,
ya ce zauna a gefen rumfata ka fara.
Akwai wata takarda mai babban yatsana a jiki.
Ruwa na so ya zama shaidata
don ruwa ba ya karatu.

Litinin ake zama, ƙarfe tara.
Na fito tun kafin kiran assalatu,
laima a hannu, hadari ya haɗo ta Ketu.
Yanzu ni ke tsoron a kira suna sau uku.
Na iske ta a bencin gaba, ta riga ni,
jakarta a cinya, ta riƙe da hannu biyu.
Ta matsa kaɗan.
Ban zauna ba.